Wasiƙa zuwa ga Sani, kan matsayin direba da aka ba shi

Ɗana Sani,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya, mu ma nan lafiya lau, sai zafi. Ummanka ta faɗa mini yadda kuka yi a waya: wai daraktan ya sake ba ka matsayin direba, fitowa uku kacal, ka ce gara ka haƙura da fim ɗin gaba ɗaya. Ka san tun farko ban so ka shiga harkar nan ba. Amma tunda ka shiga, ba zan so ka fita da fushi ba.

Akwai wani ɗan wasan Italiya, Paolo Stoppa, da nake so ka nemi finafinansa. An haife shi a Rum a 1906, ya rasu a can a 1988. Ya fara hawa dandamali a 1927, ya kuma fito a finafinai fiye da 150, mafi yawansu ba shi ne jarumi ba. Ni na fara ganinsa a fim ɗin kaboyi na Sergio Leone, Once Upon a Time in the West, na 1968, lokacin da muke satar jiki mu tafi silima (kakanka bai taɓa sani ba, Allah ya jiƙansa). Mu Charles Bronson muka je kallo. Stoppa kuwa direba ne, kamar kai. Shi ne tsohon da ya ɗauko Claudia Cardinale daga tashar jirgin ƙasa a keken doki, yana mita, yana tsine wa layin dogo, har ya kora dokin a guje ta tsakiyar leburori yana dariya. 'Yan mintuna ne. Yau shekara nawa, ban manta fuskarsa ba.

Sai da na girma na ga Il Gattopardo na Luchino Visconti, wanda ya ci babbar lambar bikin finafinai na Cannes a 1963. Ga Burt Lancaster a matsayin basarake, ga Alain Delon. Stoppa shi ne Don Calogero, magajin gari da ya yi kuɗi dare ɗaya. An gayyace shi cin abinci gidan sarauta, sai ga shi yana hawa matakala cikin kwat ɗin biki da bai dace da wurin ba, ɗinkin ma bai zauna masa ba, 'yan gidan suna danne dariya. A wurin rawa kuma, kowa na sha'awar adon ɗaki, shi yana lissafin kuɗin zinariyar. Ka lura da idonsa a nan. Ba wawa ya mai da mutumin ba. Ya bar maka shi da wayonsa, har ka gane cewa wannan da ake wa dariya shi zai gaje ƙasar. Mai raina matsayinsa ba zai iya wannan ba.

Kuma fa ba don ya kasa ɗaukar babban kaya ba ne. A dandamali, tun daga 1945, shi da 'yar wasa Rina Morelli da Visconti suka yi shekaru suna aiki tare, har a 1951 ya fito a matsayin Willy Loman, jarumin wani wasa na marubuci Arthur Miller. Ya ɗora muryarsa kan finafinan Amurka, irin yadda ake fassara na Indiya a nan. Yana ɗan shekara 75 ya fito a matsayin Paparoma a wani fim tare da ɗan wasa Alberto Sordi. Taurari da yawa sun yi tashe sun wuce a gabansa, shi ana ta kiransa.

Don haka ka karɓi direban. Kafin ranar ɗauka ka je tasha da sassafe ka zauna. Ka ga yadda direban doguwar tafiya yake ratayo mukulli a yatsa, yadda yake shurin taya kafin ya shiga, yadda yake magana da yaron mota ba tare da ya dube shi ba. Kada ka yi gardama da daraktan a gaban mutane, ko da kai ne da gaskiya.

Ummanka ta ce ka daina kwana da yunwa. In ka zo sallah ka taho mini da babbar rigata da ka ara tun bara ka ce za ka fito a matsayin alhaji.

Allah ya yi maka albarka.

Mahaifinka.