Barka da Sallah daga Dublin

Baba, barka da Sallah, Allah ya maimaita mana. Nan ana saukowa daga idi kowa ya kama hanyar wurin aiki, don ba a ba da hutu. Ba tambari, ba algaita, ba ƙurar dawaki. Hawan nan ne ya tsaya mini a rai. Na san gobe kuna cikin tawagar Hakimi a hawan Daushe, 'yan bindiga suna ta harbi, ana jafi a Ƙofar Kudu.

Mutanen Ayaland ba su da sarki yanzu. Fadar manyan sarakunansu na da tana kan tudun Tara, wajen kilomita 40 daga nan. Abin da ya rage ciyawa ce da alamun ganuwa, sai wani dutse a tsaye, Lia Fáil, wai ihu yake yi idan sarkin gaskiya ya taka shi.

Tunda kai ke raba rigimar ɓarnar gona, ga labarin Cormac mac Airt, wanda suke sa mulkinsa a ƙarni na 3. Tumakin wata mata suka cinye shukar rini ta matar sarki, mai kama da shukar baba ta marinarmu. Sarki Lugaid mac Con ya ce a ƙwace tumakin. Cormac, yana yaro, ya ce hukuncin bai yi ba: a aske gashin tumakin a biya da shi, domin shukar za ta sake toho, gashin ma zai sake fitowa. Wai saboda karkataccen hukuncin Lugaid har gefe guda na gidan sarki a Tara ya zame gangare. Ni dai ina ganin yaron ya fi shi gaskiya, ko da yake tumakinmu ba gashin askewa! Daga baya, bayan ya zama sarki, aka soke wa Cormac ido da mashi, dole ya bar Tara, don dokarsu ba ta yarda mai naƙasa ya yi sarauta ba.

A gaida Inna, a ce mata wainarta ma tana raina. A gaida Kawu da su Yaya. Goggo kuwa a gaishe ta sau uku, a tambaye ta ƙafar, kuma kada a bar ta ta fita kallo cikin rana. Auta ta ɗauko mini bidiyon jafin, musamman inda dokinka zai taka burki.