Zuwa ga ɗana, a kan wasan barkwancinsa

Ɗana,

Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya. Sau uku na kalli bidiyon wasanka a wayar ƙanwarka. Wurin da ka kwaikwayi jami'in nan mai rantsuwa bai ci ko kwabo ba alhali kuɗi na zubowa daga aljihunsa, na yi dariya har da hawaye. Amma da ka koma kan tsohuwa mai bara kana kwaikwayon ɗingishinta, sai na kife wayar. Abin da ya sa na ɗauki alƙalami ke nan.

Zambo ga masu mulki tsohuwar sana'a ce. A shekarar 1729, talauci na gasa wa mutanen Ailan aya a hannu, wani malamin coci a Dublin, Jonathan Swift, ya wallafa 'yar takarda wai yana ba da shawara matalauta su riƙa sayar wa masu kuɗi jariransu a ci. Har farashi ya yanka, har yadda za a dafa ya faɗa. Mai karantawa sai tsigar jikinsa ta tashi. To, amma dubi inda kibiyar ta nufa: masu filaye da mahukuntan Ingila waɗanda suka riga suka tsotse iyayen. Ya ari muryarsu ta rashin tausayi, ya kai ta maƙura don su ji muninta da kunnensu. Bai mai da yaran abin dariya ba ko sau ɗaya.

Kuma sana'ar nan tana cin mai ita. A 1935 'yan Nazi suka rufe gidan wasan ɗan barkwancin Jamus Werner Finck a Berlin, suka jefa shi sansanin gwale-gwale na Esterwegen. Lenny Bruce na Amurka, wanda ni kaina ba na son ashar ɗinsa, kotu a New York ta same shi da laifin batsa a 1964, ya mutu a 1966, sai a 2003 gwamnan jihar ya yi masa afuwa. Zarganar na Myanmar kuwa ɗaurin shekara 59 aka yanke masa a 2008, bayan ya kai agaji ga waɗanda guguwar Nargis ta ɗaiɗaita, ya kuma soki sakacin sojoji. A 2011 aka sake shi.

Ban ce ka bari ba, ko da yake tsoro na hana ni barci wani lokaci. Roƙona dai ka cire tsohuwar nan daga wasanka kafin ka sake hawa dandamali, ka kuma turo min sabon in gani. Mahaifiyarka tana gaishe ka. Allah ya yi maka albarka.

Babanka