Kun Kawo Labarin Anini, Ina Labarin Waɗanda Ya Kashe?

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Ranka ya daɗe, bayan gaisuwa da fatan alheri gare ka da abokan aikinka, na rubuto ne a kan shirinku na tarihi da kuka kawo labarin Lawrence Anini, ɗan fashin nan da ya hana birnin Benin barci a 1986. Na saurara daga farko har ƙarshe, har da masu bugo waya. Wani ya ce hatsabibi ne, wani ya ce layar zana gare shi, wani matashi ma cewa ya yi ai talakawa yake yi wa rabo. Ban ji ko mutum ɗaya ya yi addu'a ga 'yan sandan da ya kashe ba. Abin ya tsaya mini a rai, da shi na kwana.

A barikin 'yan sanda na tashi. Mahaifina kofur ne, aiki ya kai shi Benin lokacin tana hedikwatar jihar Bendel, wadda aka raba ta zama Edo da Delta a 1991. Shekarata 11 a lokacin. Daga watan Agusta na shekarar nan Baba ya daina fita da kaki a jikinsa. Sai ya ninke shi ya cusa a jakar leda, ya ɗora tsohuwar jarida a sama, ya sa riga da wando irin na 'yan kasuwa, sai ya isa caji ofis ya sauya. Mutumin da ke kwana goge takalmi da guga don alfahari da aikinsa, shi ne ya koma ɓoye hularsa kamar kayan sata. Inna kuwa ba ta cin tuwon dare sai ta ji ƙarar kekensa a bakin ƙofa.

Akwai wani kurtu maƙwabcinmu, ɗaki ɗaya ne tsakaninmu, ya fita aikin shingen bincike bai dawo ba. Da safe aka kawo wa matarsa hularsa da ɗamararsa. Tana goye da jariri, babban ɗanta sa'ana ne, tare muke buga ƙwallon tsumma. Ba a daɗe ba aka ce su ba da ɗaki, wani zai shiga. Na ga lokacin da aka ɗora katifarsu da tukwane a bayan a-kori-kura. Har yau ban sake jin labarinsu ba.

To, ga abin da ya kamata matasanmu su sani. Anini direban tasi ne kafin ya shiga fashi, babban na hannun damansa kuma Monday Osunbor. Abin da aka fi ruwaitowa game da gabarsa da 'yan sanda shi ne, an gurfanar da wasu yaransa a kotu duk da cin hancin da aka karɓa don a ɓatar da shaida, shi kuma ya sha alwashin ramuwa. Sai dai ramuwar ba a kan waɗanda suka ci kuɗin ta fi sauka ba. Ƙananan ma'aikata ta ci, masu tsayuwa a rana a bakin titi da ƙofar banki, waɗanda ko anini ba su gani ba a cikin cinikin. Ranar 1 ga Oktoba 1986 har kwamishinan 'yan sandan jihar, Casmir Akagbosu, aka buɗe wa wuta, ya tsira da rauni. Abin ya kai ga Janar Ibrahim Babangida ya dubi Sufeto Janar Etim Inyang ya tambaye shi, “Abokina, ina Anini?” Kuɗin da ake cewa Anini yana watsa wa matan kasuwa kuwa, wanda ya ga yadda mutane ke cika titi suna wawaso ya san amfanin da hakan ke yi wa mai gudun tsira. Kuma kuɗin nan da jinin wani aka ɗauko su.

Maganar layar zana ita ta fi ƙona mini rai, domin ta rufe gaskiyar da ta fi kowace ɗaci. Ranar 3 ga Disamba 1986, bayan Muhammadu Gambo Jimeta ya karɓi ragamar rundunar 'yan sandan ƙasa daga hannun Inyang, tawagar da Kayode Uanreroro ya jagoranta ta ritsa Anini a wani gida cikin Benin. Bai ɓace ba, bai rikiɗa ba. Harsashi ya same shi a ƙafa, ƙafar da daga baya likitoci suka yanke. Da ya fara magana sai ga asirin ya fito fili: a cikin gida yake da mutane. Ya ambaci George Iyamu, babban jami'i mai muƙamin DSP, a matsayin mai ba su makamai da labarin duk wani shiri da ake yi a kansu. Ashe ɓarawon yana gaba da masu nemansa ne don da ɗan gari ake cin gari. Ranar da labarin ya iso bariki, Baba ya zauna a bakin gado ya daɗe bai ce uffan ba. Daga baya ya ce wa Inna, watanni huɗu suna tsoron daji, ashe macijin yana ƙarƙashin tabarma.

An yi shari'ar a gaban kotu ta musamman mai hukunta 'yan fashi da makami, ƙarƙashin Mai Shari'a James Omo-Agege. A keken guragu ake turo Anini. An yanke masa hukuncin kisa, aka harbe shi tare da Osunbor ranar 29 ga Maris 1987. Iyamu ma bai tsira ba, shi ma harbe shi aka yi. Ba zan ɓoye maka ba, ban yi baƙin cikin mutuwar Anini ba, har gobe ba na yi. Amma da na girma na yi ta tunanin saurin da aka yi: ƙasa da wata huɗu tsakanin kamu da kisa, a kotun da dokar soja ba ta ba da damar ɗaukaka ƙara daga hukuncinta ba. Bakin da ya fallasa Iyamu ya san hanyar da bindigar gwamnati ke bi ta faɗa hannun ɓarawo. Da an ƙara haƙuri an bi hanyar nan har ƙarshenta, an toshe ta, da ya fi mana amfani a kan taron kallon harbi.

Ai mun ga abin da ya biyo baya. A watan Afrilu 2018 'yan fashi suka shiga Offa a jihar Kwara, suka fara da ofishin 'yan sanda, suka kashe na bakin aiki, sannan suka wuce bankuna. Sai 2024 kotu ta yanke wa mutum biyar hukuncin kisa. Shekara shida iyalai na jira. Can an yi gaggawa, nan an yi jan ƙafa, marayu dai suna inda aka bar su.

Na san mutane da yawa na da ƙorafi a kan 'yan sanda, ni ma an sha tare ni a hanya an nemi na goro, kuma ba na kare wannan. Amma wanda ya mutu a bakin shinge yana tsaron dukiyar da ba tasa ba yana da haƙƙi a kanmu.

Roƙona, ranka ya daɗe, ku sake shirin nan. Ku nemi tsofaffin 'yan sandan da suka yi aiki a Bendel a 1986, akwai 'yan Arewa a cikinsu da ke raye. Ku nemo matan waɗanda aka kashe da 'ya'yansu, ku tambaye su ko haƙƙin mazajensu ya iso hannunsu, da yadda suka yi da karatun yara. In Allah ya sa abokin ƙwallona na cikin masu sauraro, ina so ya ji cewa akwai wanda bai manta da mahaifinsa ba.

Naka mai sauraro a kullum,
Ɗan wani tsohon kofur, daga Kaduna.