Wasiƙa Zuwa Ga Abokan Cinikinmu: Lambobin Karayar Da Ke Kusa Da Gaɓar Roba

Zuwa ga likitocin ƙashi da ma'aikatan adana bayanan marasa lafiya da muke yi wa aiki,

Bayan gaisuwa da fatan alheri. Dalilin wannan wasiƙa shi ne karayar da kan auku a ƙashin da ke kewaye da gaɓar roba, wato gaɓar da aka dasa wa mutum ta hanyar tiyata, musamman ta kwankwaso da gwiwa. Lamba ɗaya ba ta wadatar da irin wannan karaya, kuma ba za mu iya sa ta biyun ba sai bayanin likita ya cika.

A tsarin ICD-10-CM na Amurka, wato tsarin da ake ba cututtuka da raunuka lambobi, tun ranar 1 ga Oktoba, 2016 aka ware wa wannan karaya rukunin M97. Kafin nan tana ƙarƙashin T84.04, cikin matsalolin gaɓar da aka dasa. An fitar da ita ne saboda ƙashin mutum ne ya karye, gaɓar ba ta yi laifi ba. Kwankwason dama M97.01, na hagu M97.02, gwiwa M97.11 da M97.12, idon sawu M97.2, kafaɗa M97.3, gwiwar hannu M97.4. Sauran gaɓoɓi kamar wuyan hannu da yatsa suna M97.8, a haɗa da Z96.6 don a nuna wace gaɓa ce. Dole lambar ta kai gurbi bakwai, ana cike giɓin da X, kamar M97.01XA.

M97 wurin karayar kawai take faɗa. Irin karayar da sanadinta su ake fara sawa, sannan M97 ta biyo baya. A ce mai gaɓar roba a kwankwason dama ya faɗo daga tsani, tsakiyar ƙashin cinyarsa ya yi karaya mai murɗewa, ƙashin ya goce amma bai huda fata ba. Za a sa S72.341A, sai M97.01XA, sai lambar faɗuwar daga rukunin W. In kuwa dattijuwa ce da aka riga aka san tana da zaizayewar ƙashi, ta yi ɗan tuntuɓen da ba zai karya lafiyayyen ƙashi ba, ƙa'ida ta ce ba a lissafa ta a karayar rauni: M80.051A ce za ta shiga gaba. A nan ne muka fi buƙatarku. Mai sa lamba ba shi da hurumin duba hoton ƙashi ya yanke hukunci da kansa; abin da likita bai rubuta ba, babu shi.

Akwai abubuwa uku da ake yawan rikitawa da M97. Idan ƙashin ya tsage ana cikin aikin tiyata, lokacin da ake cusa ƙarfen gaɓar, wannan M96.6 ce, kamar M96.661 a cinyar dama. Idan gaɓar ce da kanta ta karye, T84.01. Idan ta yi sako-sako a cikin ƙashi, T84.03. Kuma ƙusa ko farantin da aka ɗaure tsohuwar karaya da shi ba gaɓar roba ba ne, don haka karaya kusa da shi ba ta shiga M97.

Mun san da yawanku kuna rubuta matakin Vancouver, wato tsarin da ke rarraba karayar da ke kusa da kwankwason roba zuwa matakai kamar B1, B2 da B3, kuma muna so ku ci gaba. Sai dai tsarin lambobin bai san B1 ko B2 ba. In B2 ce ko B3, a rubuta da kalmomi cewa sandar gaɓar da ke cikin ƙashin cinya ta yi sako-sako, domin shi ne ke bayyana dalilin da ya sa aka sauya gaɓar maimakon a ɗaure ƙashin kawai.

Harafin ƙarshe ma yana jawo kuskure. In A ce, ba ta nufin zuwan farko. Tana nufin ana kan ainihin jinyar karayar, ko da likita na uku ne ke yin tiyatar. D ta bibiya ce yayin da ƙashi ke haɗewa, S kuma ta larurar da karayar ta bari. Waɗannan uku kaɗai M97 ke karɓa. Ƙashin da ya ƙi haɗewa ko ya haɗe a karkace, a lambar karayar ake nuna shi, da K ko P in ƙashin bai huda fata ba.

Don haka muna roƙon kowane bayani ya faɗi ɓangare, dama ko hagu, da wurin karayar a jikin ƙashi, da siffarta, da yadda ta faru, da halin ƙashin kafin nan. Idan ba a faɗi ko ta goce ba, ƙa'ida za ta sa mu ɗauka ta goce. Idan ba a faɗi ko ta huda fata ba, za mu ɗauka ba ta huda ba. Wannan zato yana iya saɓa wa abin da kuka gani da idonku. Duk fayil ɗin da sanadin karaya bai fito a cikinsa ba, za mu dawo muku da tambaya a rubuce kafin mu tura takardar neman biya ga kamfanin inshora.

Allah ya ƙara wa marasa lafiyarku sauƙi.

Naku,
Ma'aikatan sashen sa lambobi