Hutun Disamba ya zo, ina littafin da za mu karanta wa yara?

Malam Edita, assalamu alaikum.

Dan Allah ka ba ni ɗan fili in yi wani kuka da ya daɗe yana ci na a rai, kuma kukan har da ku 'yan jarida a ciki, ba marubuta kaɗai ba. An ba da hutun zangon farko, yara sun dawo gida, hunturu ya sauko da hazonsa, da an idar da magariba ba mai iya zaman tsakar gida kowa sai ya shige ɗaki a ja ƙyaure. Ai lokacin labari ke nan. To amma wane labarin? Ni malamar firamare ce kuma uwa, da babbar murya nake faɗa, yaron da bai kai shekara goma ba kusan ba shi da littafin labari na Hausa da aka rubuta takanas dominsa.

Wanda yake ganin na cika baki ya leƙa wajen masu sayar da littattafai a kasuwar garinsu. Zai ga na addini, Alhamdulillahi, zai ga na soyayya jibge har ƙasa, zai ga na lissafi da turanci da tsofaffin tambayoyin jarrabawa. Ka ce kana son na labarin yara mai hoto, sai mai shago ya ɗan sosa ƙeya ya shiga lalube can ƙarƙashin tebur, ya kaɗe ƙura ya miƙo maka ɗaya daga cikin biyu: ko na turanci mai hoton dusar ƙanƙara da wani tsoho mai jar hula da farin gemu, ko kuma Magana Jari Ce. Shi ke nan fa.

Kada a ce na raina Magana Jari Ce, wa ya isa. Marigayi Abubakar Imam ya yi aikin da har gobe ba a kamo ƙafarsa ba, mu ma da shi muka buɗe ido, ina jin har yanzu zan iya kawo yadda aku ya dinga riƙe Musa ɗan sarki da labari bayan labari don kar ya fita. Amma jama'a, tun 1937 littafin nan ya fara fitowa a Zariya, kafin ma a fara buga jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939. Yau kusan shekara casa'in, in aka tambaye mu me muke da shi na yara har yanzu shi muke nunawa, ba ma jin kunya. Sannan gaskiyar magana ba na ɗan shekara biyar ko shida ba ne, Hausarsa ta manya ce, jimlolin dogaye, rubutun ƙanana, in ka fara karanta wa ɗan nazare kafin ka kai ƙarshen shafi ya fara wasa da yatsun ƙafarsa. Ɗan aji biyar ko shida shi ne zai ji daɗinsa. Na ƙasa da su fa? A farkon shekarun 1970 marigayi Ibrahim Yaro Yahaya ya tattara Tatsuniyoyi da Wasanni har littafi shida, Allah ya saka masa, to su ma yanzu sai mai tsananin rabo yake samunsu.

Na san me wasu za su ce, wai mu da muke da tatsuniya me za mu yi da littafi. Haka ne a da. Da akwai kaka a gida, an kawo kasko da garwashi ɗaki, ana gasa dankali ana shafa wa yara man kaɗanya a faso, ta ce ga ta nan ga ta nanku, a amsa ta zo mu ji ta, daga nan sai Gizo da Ƙoƙi, sai Dodo, sai 'yar bora da 'yar mowa har barci ya kwashe na kwashewa. Har cewa ake wanda ya yi tatsuniya da rana zai ɓata, mu kuwa mun yarda. Yanzu ina kakar? Tana ƙauye ko ta riga mu gidan gaskiya, mu kuma muna gidan haya ciki da falo, kuma matan zamaninmu da yawa in ka ce su kawo tatsuniya ɗaya daga farko har ƙurunƙus sai su maƙale a tsakiya, waƙar cikin ta ɓace musu. Abin da ya maye gurbin kakar shi ne waya. Yaro ya karɓi wayar uwarsa ya dinga dangwala har caji ya ƙare, ko a kunna fim ɗin Indiya mai fassara babba da yaro a zauna a kai, abin da ya dace da wanda bai dace ba duk a sha tare.

Kuma wallahi yaran nan suna so. A ajina in na rubuta ɗan gajeren labari a kwali, na zana akuya ko da ba ta yi kama da akuya ba, sai ka ga har mai ƙiriniyar aji ya yi tsit ya matso, yana bin layi da yatsa yana haɗa baƙi, a-ku-ya, in ya gano sai ya ɗago kai yana washe baki. Washegari shi zai fara cewa Malama a sake na jiya. Abin da suke bukata ba wani abu ne mai wuya ba: shafi goma sha biyu ko sha shida, manyan haruffa, layi biyu ko uku a shafi, hoto babba, da 'yar waƙa da take dawowa don su dinga amsawa. Sai kuma a kula da ƙugiya dan Allah, yaro mai koyon karatu in ka rubuta masa kofa a wurin ƙofa ka ruɗa shi.

Ba wai ba a taɓuka komai ba. An yi shirin Mu Karanta na koya wa yara karatun Hausa a makarantun Bauchi da Sakkwato, amma wannan na aji ne, ba wanda uba zai saya ya shigo da shi gida a aljihu ba. A intanet akwai shafin littattafan yara na African Storybook da wata ƙungiya a Afirka ta Kudu ta kafa, kyauta ne, da na Hausa a ciki masu hoto, mai hali zai iya saukewa ya kai shagon kwamfuta a buga masa. To uwar da ba ta da data fa, ko ba ta ma san da zancen ba?

Uzurin da ake kawowa kullum kuɗi ne, takarda ta yi tsada tun da naira ta faɗi, buga mai kala kuma sai a hankali, kuma wai Bahaushe ba ya sayen littafin yara. Na yarda da na farkon, na ƙarshen ne ban yarda ba. Yaushe aka kawo masa ya ƙi? Uban da zai yi wa 'ya'ya ɗinkin sallah da takalmi da agogon roba da tabarau, ko 'yan'uwanmu Kirista na Wusasa da Jos da Kafanchan da suke ta hidimar kayan Kirsimeti a wannan watan, ba za su kasa ɗora ɗan littafi a kai ba in yana nan a gabansu kuma kuɗinsa bai fi ƙarfinsu ba. Ƙasar Iceland mutanenta ko rabin miliyan ba su kai ba, amma sabbin littattafansu gab da Kirsimeti suke fitowa a harshensu, kyautar da suke ba juna ke nan a daren 24 ga Disamba. Mu kuwa ƙaramar hukuma biyu a cikin birnin Kano ta fi su yawa.

Marubuta kuma muna da su kamar me. 'Yan'uwana mata da kuke sakin shafi kullum a WhatsApp da Wattpad, mutane na biyan kuɗi suna bi, ku ma fa iyaye ne, cikin labari goma na kishiya da uwar miji a ware ɗaya mana na yarinyar da akuyarta ta ɓata ranar kasuwa.

Yanzu ga naka rabon Malam Edita. Kuna da shafin siyasa, da na wasanni, da na Kannywood, da na girke-girke, na yara ne babu. Ku ware rabin shafi duk mako, ko da daga yanzu zuwa a koma makaranta a Janairu ne a gwada, labari ɗaya gajere da manyan haruffa da zane guda, ko baƙi da fari ne ya wadatar yara su shafa masa kala da kansu. Ku sa shi a shafinku na Facebook yadda uwa za ta karanto daga waya in an ɗauke wuta. Ku ce masu karatu su turo tatsuniyoyin garuruwansu da waƙoƙin ciki, a rubuta sunan tsohuwar da aka ji a bakinta. In shekara ta zagayo abin da ya taru ai ya isa littafi. Ni dai ina da 'yan labaran da na rubuta wa 'yan ajina, in kun buɗe shafin ku faɗi inda za a turo.

Na gode, Allah ya ƙara basira.

Wata malamar firamare, daga Zariya.