Wasiƙa daga Akureyri, arewacin Aisland

Assalamu alaikum Baba,

Gaisuwa mai yawa tare da fatan kuna lafiya, ku da Inna da su Yaya da yara baki ɗaya. Ni ma lafiya lau nake, aikin kamfanin kifi kuma sai godiya.

An faɗa mini hankalinku ya tashi da kuka ji a rediyo dutse ya yi aman wuta a ƙasar nan. Don Allah ku kwantar da hankalinku. Wancan can kudu maso yamma ne, wajen Grindavík, garin da aka kwashe mutanensa a 2023. Mu muna arewa, da nisa sosai tsakaninmu.

Sai dai ba zan ɓoye muku ba, nan ma akwai wuta a ƙarƙashin ƙasa, na kuma gani da idona. Wani abokin aikina ya kai mu zagayen da masu yawon buɗe ido ke rububi, Diamond Circle, wajen kilomita 250. A Hverir, kusa da tafkin Mývatn, ƙasar ja ce da rawaya, ko tsinken ciyawa babu. Laka na tafarfasa cikin ramuka kamar talge, tururi na fita da ƙara, warin farar wuta ya cika ko'ina. An ja igiya don kada mutum ya taka inda zai ƙone. Sai tasbihi kawai nake yi. Gaba kaɗan ga dutsen Krafla, wanda ya yi ta aman wuta daga 1975 zuwa 1984, amma a gindinsa suka kafa tashar lantarki, tururin ne ke juya injinan. Ku gaya wa Inna har burodi suke binnewa cikin ƙasar ya gasu, ba itace ba gawayi. Na ci, baƙi ne, da ɗan zaƙi-zaƙi.

Mun tsaya a Dettifoss, inda ruwan narkakkiyar ƙanƙara, toka-toka, ke zubowa daga tsayin mita 44. Ƙararsa ba ta barin ka ji maganar na kusa da kai. Garin Húsavík kuwa wucewa kawai muka yi.

Abin da ya fi kwantar mini da hankali, masana na sa ido da na'urori dare da rana, in an ga alamar haɗari ana sanar da jama'a.

Na tura kuɗin taki ta hannun Yaya. A gaida Kawu da jiki, a kuma ci gaba da sa ni a addu'a.

Wassalam,
Ɗanku