Wasiƙa zuwa Damagaram, a kan littafin macizai

Gombe, daren Lahadi.

Assalamu alaikum aminina,

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fatan kana lafiya kai da iyali baki ɗaya. Yaya Inna da ciwon ƙafar nan, ya yi sauƙi? Mu nan lafiya lau, sai godiyar Allah. An shiga cirar gyaɗa, kowa ka nema yana gona.

Saƙonka ya iso tun ranar Laraba, tare da hoton da ka ɗauka a gindin rumbu. Da gangan na ƙi kiranka, don na san halinmu, in muka fara hira sai kati ya ƙare ba mu taɓo abin da ya haɗa mu ba. Ka ce tun da aka mayar da kai makarantar ƙauyen nan sau uku ana kashe maciji a haraba, kana son littafin da za ka riƙa dubawa. To ka zo wurin da ya dace. Ba don na fi kowa sani ba, sai don na fi kowa asarar kuɗi a kan littattafan da ba su tsinana mini komai ba.

Hoton naka kuwa, ka yafe ni. Yaranka sun yi wa kan macijin dakan sakwara, ga duhun magariba, abin da ya rage bai fi guntun igiyar guga ba. Nan gaba in an kashe, a ja shi fili da sanda, a ɗauki bayansa, a juya a ɗauki cikinsa da ƙarƙashin wutsiya, a ajiye takalmi kusa da shi don a gane tsawonsa. Da sanda na ce, kar kowa ya sa hannu. Kan maciji yakan yi sara ko bayan an raba shi da gangar jiki.

Littafina na farko a wurin mai gwanjon littattafai na saye shi, a bakin tasha, shekarar da na fara koyarwa. Takarda mai sheƙi, hotuna kamar macijin zai fito ya bi ka. Sai da na kai gida na lura duk macizan Amurka ne, har da mai ƙararrawa a wutsiya. Da na tsaya a kallon hoto da sauƙi, amma sai na haddace wata ƙa'ida da ke ciki, wai mai dafi kansa faffaɗa ne mai kusurwa uku, ƙwayar idonsa a tsage kamar ta kyanwa, marar dafi kuma idonsa zagayayye ne. Na shekara biyu ina koya wa yaran mutane wannan. Alhali kumurcin da ke shiga akurkin kajinmu ƙwayar idonsa zagayayya ce sumul, mesa kuma da ba ta da dafi ko ɗigo ita ce mai idon kyanwa. Har yau in na tuna sai na ji kunya. Don haka kafin ka tambayi kuɗin littafi, buɗe wurin taswira ka ga ko ƙasarka na ciki. Haka littattafan Afirka ta Kudu, masu kyau ne ƙwarai, kuma za ka ga kasa da mesa a ciki, amma kububuwar da ta fi kowane maciji kashe manoma a ƙasarmu ba ta zama a can.

Kai da ka yi lakwal, bokon Faransanci, ka ci sa'a, domin wanda ya fi dacewa da kai da Faransanci aka rubuta shi. Sunansa Guide des serpents d'Afrique occidentale, na Jean-François Trape da Youssouph Mané, cibiyar bincike ta IRD ta buga shi a 2006. Macizan sahel da hamada ya ɗauka, daga Sanagal har Nijar, kowane iri da hotonsa mai launi da taswirar wuraren da aka same shi. Ni da Faransancina bai wuce na gaisuwa ba, da hotuna da taswira kawai nake cin moriyarsa, kai kuwa har romon za ka sha. In ɗaya za ka saya, shi ne. Akwai kuma na likitan nan Jean-Philippe Chippaux, wanda ya daɗe yana aikin saran maciji a Afirka ta Yamma. Ya fara fitar da nasa da Faransanci, daga baya a 2019 suka fitar da na Turanci shi da Kate Jackson, Snakes of Central and Western Africa. Wannan ba na sa wa a aljihu ba ne, na zama a kan tebur ne, ga tsada. Amma shi ya koya mini cewa launi maƙaryaci ne, ƙirga ita ce gaskiya.

Bari in ba ka labarin yadda na gane haka. Wata safiya da damina wani ɗalibina ya shigo aji da gwangwanin madara, ya ce Malam ga kububuwa mun kashe a ɗakin kaji. Na zazzage ta a kan benci. Ruwan ƙasa, da ɗigo-ɗigo masu duhu a gadon baya, tsawonta bai fi kamu ɗaya ba. Yaron ya rantse ya ji tana gurza jiki kafin su buge ta, ƙarar nan mai kama da an yayyafa ruwa a kaskon suya. Ajin duk ya yarda, ni ma na yarda. Sai dai kan bai kwanta mini ba. Kububuwa tana da kai mai faɗi da siririn wuya, wannan kuwa kai da wuya kusan ɗaya suke. Na ɗauko littafin, na sa tsinke biyu na juya wutsiyar. Ɓawon da ke ƙarƙashin wutsiyar kububuwa layi ɗaya ne, na wannan bibbiyu ne, a jere kamar kitso. Muka bi tambayoyin littafin ɗaya bayan ɗaya, in kaza ne je lamba kaza, har muka dire a kan macijin nan mai haɗiyar ƙwai. Ba shi da dafi, haƙoran kirki ma ba shi da su. Yakan haɗiye ƙwan tsuntsu ɗungurungum, wasu ƙasusuwa da ke maƙogwaronsa su fasa shi, ya shanye ruwan ya amayo ɓawon. Gurza jikin nan kwaikwayon kububuwa yake yi don a ji tsoronsa, kuma kwaikwayon ne ya ja masa sanda. Yara suka yi ta dariya, wai ɗan wasan kwaikwayo ya mutu a bakin aiki.

Kar wannan labari ya sa ka saki jiki, don ga ɗan'uwansa. Bayan wani ruwan dare na fito alwalar asuba, na ga wani ɗan baƙin maciji yana sheƙi a gefen randa, kauri kamar ɗan yatsa, ido da kyar ake ganinsa, ba ka bambance kai da wutsiya sai ka matso. Bai fasa kai ba, bai yi huci ba. Zuciyata ta ce wannan ai na cin gara ne, in kama shi ta wuya yadda gardawa ke yi in kai wa ɗalibai. Na sunkuya ke nan Baba maigadi ya make mini hannu da gorarsa, ya ce, “Malam, bokonka ba ta kai nan ba.” Da gari ya waye na duba littafin Stephen Spawls da Bill Branch, The Dangerous Snakes of Africa, sai ga shi, masana na kiran jinsinsa Atractaspis. Shi ba a riƙe shi ta wuya sam. Fiƙarsa yake zarowa ta gefen baki ba tare da ya buɗe bakin ba, ya soki yatsan da ke riƙe da shi, kuma saransa yakan kai ga asarar yatsa. Na zauna a kan tabarma ina kallon hannuna. Baba bai taɓa buɗe littafi ba, amma ya riga littafin ceto na. Wannan na Spawls da Branch ya fara fitowa a 1995, aka sake shi da gyara a 2020. Masu haɗari ya tattara, da waɗanda ke kama da su, da bayanin taimakon farko. In kana da abokin aiki mai jin Turanci, ku haɗa kuɗi.

Akwai wani ɗan siriri da nake ƙauna duk da tsufansa, West African Snakes na George Cansdale, 1961. Mutumin ma'aikacin gandun daji ne a Gana zamanin Turawa, kuma yana rubutu kamar mai ba ka labari a dandali. Amma ka yi hattara da sunayen kimiyya na tsofaffin littattafai. A da kububuwarmu da ta Indiya suna ɗaya aka haɗa su, Echis carinatus, sai daga baya aka gane ba iri ɗaya ba ne, tamu ta zama Echis ocellatus. Za ka ce wannan ai rigimar malamai ce, me ya shafi mai gona? Ya shafe shi ƙwarai. Allurar kashe dafi da dafin wani maciji takamaimai ake haɗa ta. An taɓa kawo wadda aka yi da dafin kububuwar Indiya wani asibitin karkara a Gana, mace-mace suka ƙaru a fili, domin ba ta kama dafin tamu. Irin wannan matsala ce ta sa aka yi allurar EchiTAb musamman saboda macizan Najeriya, iri ɗaya a Birtaniya, ɗaya a Kosta Rika. Ku ma a wajenku akwai wata kububuwar ta busasshiyar ƙasa, Echis leucogaster, cikinta fari fat, tamu kuwa cikinta da ɗigo-ɗigo. Ka ga dalilin da na ce a juya ciki kafin a ɗauki hoto.

Yanzu ga maganar da ta sa na zauna rubuta duk wannan. Littafin nan na kafin sara ne. Ranar da tsautsayi ya faɗa wa yaro, Allah ya kiyaye, rufe shi ka nemi babur. Kar a tsaya buɗe shafi ana musu, kar a tura yara cikin ciyawa neman macijin. Kar a ɗaure ƙafa tamau da igiya ko roba, kar a tsaga, kar a tsotsa, baƙin dutsen nan da ake mannawa ma ba ya zuƙe komai sai lokaci. A cire zobe ko warwaro kafin kumburi, a hana shi tafiya da ƙafarsa, a ɗauke shi zuwa likita. In kumurci ya tsarta wa mutum dafi a ido, a yi ta kwarara ruwa mai tsabta, sannan a tafi. Sharrin kububuwa shi ne mutum zai ga kamar ya tsira, yana zaune yana hira, alhali jininsa ya daina daskarewa, sai dasashi ya fara zub da jini. Ba banza ba aka yi mata laƙabi da gobe-da-nisa. Na taɓa raka wani maƙwabcinmu asibitin masu saran maciji na Kaltungo, na ga yadda suke yi: a ɗibi jini a zuba a busasshiyar kwalba mai tsabta, a ajiye minti 20, a karkata. In ya zubo kamar ruwa, sun san abin da ya sare shi ko ba a zo da gawar macijin ba. Tun shekarun 1970 wani likita ɗan Birtaniya, David Warrell, ya yi aiki a kan wannan dafi yana Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, yanzu kuma irin su Farfesa Abdulrazaq Habib na Jami'ar Bayero ke riƙe da ragamar. Tun yau ka bincika wane gidan likita ne kusa da ku yake ajiye allurar, ka rubuta a bangon ofis. Ƙa'idojin da Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar a 2010 kan saran maciji a Afirka suna intanet kyauta, ka nuna wa ma'aikacin lafiyar ƙauyenku.

Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, duk littattafan nan da na lissafa maka, wanda ake sara a gona ba ya iya karanta ko ɗaya. Shi ya sa na ɗauki wata ɗabi'a. Duk hoton da na nuna wa tsoho ya ba ni suna, sai in rubuta da fensir a gefen shafin, da sunan garinsu. Shafin kububuwa yanzu ya cika: kububuwa, gajera, gobe-da-nisa. Na macizai masu fasa kai kuwa rigima ce zalla, hoto ɗaya wani ya ce kumurci, wani ya rantse gamsheƙa. Kore siriri duk damatsiri ne a bakin mutane, ko wane iri ne. Na lura kuma in dare ya yi ba mai kiran sunan, sai igiyar ƙasa, don haka da hantsi nake zuwa musu. Makiyaya sun fi kowa ido, su da mata masu shiga daji neman itace.

To ga roƙona. In littafin Trape ya zo hannunka, ka zauna da dattawan ƙauyen nan a inuwa ka riƙa buɗa musu shafi-shafi, kar ka faɗa musu abin da aka rubuta, ka bari su fara magana. Ka rubuto mini abin da Damagarawa ke kiran kowanne, da abin da suka ce yana ci, da inda yake kwana. In yara sun tsinci saɓa a jikin danga su kawo maka, ana ƙirga ɓawo a jikinta ba tare da fargabar komai ba, kuma darasi ne mai daɗi. Ka sa a nome ciyawar bayan azuzuwa, a janye tarin bulo da karan da ka ce suna jikin katanga, a toshe ramukan ɓeraye a ɗakin ajiya, don abincin ne ke kiran baƙin.

Zan ba direban da ke zuwa Kano littafin Cansdale ya miƙa wa ƙaninka a Kwari, shi ya san yadda zai iso gare ka. Aro ne, ba kyauta ba, na san ka. Bangon ya ɗaye, na ɗinke shi da zaren buhu, kuma rubutun fensir ɗin da za ka gani nawa ne, kar yara su goge.

Ka gaishe mini da Inna da kyau, da maiɗakinka da yara. Uwargida na gaishe ku, ta ce a tuna maka alkawarin cuku.

Naka har kullum,
amininka na Gombe.